Taga Nawa Ne a Gidan Ubanka?

Ɗan ƙanwata da ke aiki a Oakland ya so ya kai ni Alcatraz, tsohon kurkukun nan da ke tsakiyar ruwa, wanda duk baƙon da ya je San Francisco ke rububin gani. Na ce masa a kai kasuwa. Mutumin da ya ƙare ƙuruciyarsa yana tafinta a kotu ba zai biya kuɗi don ya kalli gidan yari ba. Ya yi dariya ya ce, "To Kawu, akwai wani tsibirin kusa da shi. Can ma tsare mutane aka yi, amma ba wanda aka tuhuma da sata ko kisa a cikinsu." Wannan ne ya ja ni zuwa Angel Island.

Mun tsallaka gadar Richmond da mota zuwa wani ɗan gari na masu hannu da shuni da ake kira Tiburon, daga nan muka hau jirgin ruwa. Tsallakawar ba ta kai kwata na awa ba. Lokacin zafi ne a lissafinsu, amma iskar da ke tasowa daga teku sai da ta sa na naɗe wuyana da rawani. Mutanen da muka shiga jirgin tare yawancinsu shaƙatawa ta kawo su: iyaye da yara, kekuna, kwandunan abinci. Yanzu tsibirin gandun shaƙatawa ne na jihar Kalifoniya, da barewa suna kiwo a gefen hanya, da bishiyoyin turare masu tsawo.

Daga inda jirgi ke tsayawa zuwa tsohuwar tashar shige da fice tafiya ce ta fiye da kilomita biyu, kuma farkonta matakala ce da ta haura ɗari. Na hau ina hutawa, yaron yana gaba yana waiwaye yana cewa, "Sannu Kawu, an kusa." Ba a kusa ba. Da muka kai kan tudu sai hanya ta miƙe, ruwa na hagu, sannan ta gangara zuwa wani lungu da tudu ya kewaye ta baya, teku ta gaba. Wanda ya zaɓi wurin ya san abin da yake yi. Ba a hango birni daga nan, kuma ba mai iya kurɗawa ya kai wa tsararre saƙo.

An buɗe tashar a watan Janairun 1910, aka rufe ta a 1940 bayan gobara ta cinye ginin ofisoshi. Mutane kan kwatanta ta da Ellis Island ta New York, amma kwatancin bai yi ba. A Ellis, inda mutum miliyan 12 suka bi, yawancinsu Turawa, akan gama da mutum cikin 'yan awoyi, kuma kusan biyu cikin ɗari kawai aka mayar. Can an gina ne don a shigo da mutane. Nan kuwa an gina ne don a tace su, kuma waɗanda aka fi son tacewa su ne Sinawa. Kimanin 175,000 daga cikinsu suka bi ta wannan lungu. Tun daga cikin jirgi ake rabawa: Turawa da masu tikitin manya a duba takardunsu su sauka a birni, sauran a kwaso su zuwa tsibiri. A nan ma ƙofar shiga daban, ɗakin cin abinci daban, wurin kwana daban.

Dalilin yana cikin wata doka da shugaba Chester Arthur ya sa wa hannu ranar 6 ga Mayu, 1882, wadda ta hana lebura Basine shiga Amurka na shekara goma, ta kuma hana duk Basinen da ya shigo ƙasar daga waje zama ɗan ƙasa. Ba a ɓoye komai a cikinta ba, sunan al'ummar aka ambata ƙarara. Attajiri, ɗalibi, malami, jami'in gwamnati da mai yawon buɗe ido ne kawai aka ɗauke wa. Shekara goma ta cika aka sabunta ta a 1892, aka ƙara da cewa kowane Basine ya riƙa yawo da takardar shaidar zama, in babu a kore shi. Daga baya ma aka cire wa'adin gaba ɗaya.

Abin da ya fi ba ni haushi shi ne abin da ya gabaci dokar. Waɗannan mutane, yawancinsu daga ƙauyukan lardin Guangdong, sun fara zuwa ne lokacin haƙar zinariya bayan 1849. Da aka zo shimfiɗa layin dogon da ya haɗa gabas da yammacin ƙasar, kamfanin Central Pacific ya ɗebe su dubbai, har suka zama mafi rinjayen ma'aikatansa. Su suka fasa duwatsun Sierra Nevada da nakiya, cikin dusar ƙanƙara, a kan ladan da bai kai na Bature ba. Aka gama layi a 1869. Shekara huɗu bayan haka tattalin arziki ya karye, aiki ya yi wuya, sai aka ci moriyar ganga aka ya da kwaurenta. Wani Denis Kearney, shi kansa baƙo ne daga Ayalan, ya riƙa tara leburori a filin San Francisco yana rufe kowane jawabi da cewa dole Sinawa su tafi. A ƙidayar 1880 Sinawa 105,000 ne a ƙasar mai mutum miliyan 50. Kuma ba a baki kaɗai abin ya tsaya ba: a 1885, a garin Rock Springs na Wyoming, masu haƙar kwal suka kashe Sinawa 28 suka ƙone unguwarsu.

Da na karanta taken Kearney a jikin allo sai jakar nan mai ratsi-ratsi, Ghana Must Go, ta faɗo mini a rai, wadda muke zuba kaya a ciki ba ma ko tuna inda sunanta ya samo asali. Gwamnatin Busia ta kori baƙi daga Gana a 1969, har da Hausawan zango da aka haifa a can, mu ma muka rama a 1983 zamanin Shagari. Namu ba na launin fata ba ne, kuma ba na gada-gadan shekara sittin ba ne, don haka ba zan haɗa su a ma'auni ɗaya ba. Amma uzurin ɗaya ne: baƙo ya cinye mana aiki.

Ginin kwanan maza yana nan, bene ne na katako. Da muka shiga na ɗauka ɗaki ne kawai da aka daɗe ba a yi wa fenti ba. An maido da gadajen ƙarfe yadda suke a da, hawa uku-uku, an jera su daf da juna, an rataya 'yan tufafi a tsakaninsu, ga akwatunan kwali a ƙasa. Tagogi da raga. Mai yi mana jagora, wata dattijuwa 'yar sa-kai, ta ce mu matsa jikin bango. Ta kunna tocila ta haska ta gefe, ba ta gaba ba. Sai ga rubutu ya fito. Bangon duka rubutu ne, layi-layi daga sama zuwa ƙasa, an sassaƙa shi cikin katako da wuƙa. Ban iya karatun Sinanci ba, amma na san hannun da ya ƙware in na gan shi, don na zauna gaban masu rubuta allo. Inda alƙalami ya kamata ya yi kauri an yi kauri, inda ya kamata ya sirance an sirance. Wanda ya yi wannan ba sauri yake yi ba. Ina zai je?

Waƙoƙi ne, fiye da 200. Da farko da tawada suke rubutawa, hukuma ta ɗauke shi ɓata bango ta shafe da fenti. Sai suka koma sassaƙa. Hukuma ta cike ramukan da irin kwaɓin da kafintoci ke toshe katako da shi, ta sake fenti. Da shekaru suka tafi kwaɓin ya bushe ya motse, fenti ya lotsa a kan kowane harafi, abin da aka yi don a ɓoye rubutun shi ya kare shi daga ruɓewa. A 1970 an shirya rushe ginin, sai wani ma'aikacin gandun mai suna Alexander Weiss ya lura da rubutun, ya kai maganar ga malamai da ɗalibai a San Francisco, aka tashi tsaye har aka fasa rushewa. Dattijuwar ta ba mu ma'anar kaɗan: mai kewar mahaifiyarsa, mai lissafin bashin da aka ci don kuɗin jirginsa, mai jin haushin raunin ƙasarsa da ya sa ake wulaƙanta shi, mai alwashin ramuwa. Na mata babu. Su a ginin ofisoshi aka ajiye su, kuma shi ne ya ƙone.

Kafin a kai ga tambayoyi akwai asibiti. A tuɓe mutum a gaban baƙi, a birkice masa fatar ido, a karɓi bayan gidansa a duba tsutsar ciki. Wannan gwajin na ƙarshe mutanen Asiya aka fi ɗora wa. Zan wuce wannan, domin inda na daɗe a tsaye shi ne gaban teburin tambayoyi.

An kwaikwayi yadda zaman yake: jami'ai biyu, akawu da tafireta, tafinta, sai kujerar wanda ake tambaya. Na san wannan zaman. Na san inda tafinta ke tsayawa, na kuma san yadda kalma ɗaya da ya zaɓa kan juya shari'a, balle ga mutanen da kowace gunduma da irin karin harshenta. Yaro ɗan shekara goma sha biyar zai ce shi ɗan wane ne, ubansa ɗan ƙasa ne, yana San Francisco. Ba takardar haihuwa a ƙauyen da ya fito. Sai a tambaye shi, a tambayi uban daban, a gwama amsoshin. Taga nawa ne a gidanku? Matakala nawa ce a ƙofar gida? Ina ake ajiye tukunyar shinkafa? Ƙauyenku gabas yake kallo ko kudu? Wa ke zaune a gida na uku a layi na biyu, 'ya'yansa nawa, matarsa an ɗaure mata ƙafa ko ba a ɗaure ba? Tambaya ɗaruruwa, wani lokaci kwana da kwanaki, a dawo wa mutum da wadda aka yi masa shekaranjiya a ga ko zai canza.

Na juya na ce wa ɗan ƙanwata, "Kai, gidan kakanka da ka yi hutu a cikinsa kana yaro, taga nawa ne a ɗakin tsohuwa?"

Ya ce, "Ɗaya, Kawu."

Ni biyu na sani. Muka yi ta musu a gaban teburin har dattijuwar ta tambayi abin da muke cewa. Da ya fassara mata ta ce da a 1920 ne, ɗayanmu ya koma jirgi. Ga shi jinina, na riƙe shi ranar sunansa, amma a ma'aunin wannan ɗakin mu maƙaryata ne.

Duk wanda ya zauna a kotu ya san shaidu biyu masu gaskiya ba sa faɗin abu iri ɗaya sak. Wannan ya ce bayan la'asar, wancan ya ce dab da magariba. Alƙali mai hankali ya fi tsarguwa da shaidun da bakinsu ya zo ɗaya har waƙafi. A Angel Island an kifar da wannan ka'ida. Uban da ya bar ƙauye shekara goma sha biyu, an sake rufi, an toshe taga, maƙwabci ya mutu, shi da ɗansa na cikinsa sai su saɓa. Wanda ya haddace kuwa ya wuce sumul.

Kuma masu haddar suna da yawa, ba abin ɓoyewa ba ne. A Afrilun 1906 girgizar ƙasa da gobara suka cinye San Francisco, har da takardun haihuwa na birnin. Sinawa da yawa suka ce a nan aka haife su, takarda ta ƙone. Wanda ya samu shaidar zama ɗan ƙasa, in ya je gida ya dawo sai ya ba da rahoton an haifa masa ɗa, ko an haifa ko ba a haifa ba. Wannan gurbin sai a ajiye shi, bayan shekaru a ba ɗan ɗan'uwa ko a sayar wa wani. Su ake kira 'ya'yan takarda. Tare da gurbin akan ba yaro littafin hadda: taswirar ƙauyen da bai taɓa gani ba, sunayen kakannin da ba nasa ba, yawan kajin gidan. Ya yi ta bita a cikin jirgi tsawon makonnin tafiya, kafin a iso gaɓa ya jefa littafin a teku. In aka yi wata tambaya da ba ta cikin littafi, masu dafa abinci Sinawa da ke zuwa daga birni kan shigo da amsa a ɓoye, a cikin lemo ko a cikin burodi.

Ɗan ƙanwata ya ce, "To Kawu, ashe jami'an suna da hujja. Ƙarya ake yi musu." Na ce ƙwarai ana yi. Amma wa ya fara? Baitaliya ko Bajamushe mai irin wannan talaucin, a wannan shekarar, ba ya bukatar uban aro, sunansa kawai zai faɗa ya nuna ba shi da cuta. Doka ce ta toshe wa mutum ƙofa saboda asalinsa, ta bar wata 'yar kafa, sannan ta zauna bakin kafar da tafireta tana mamakin masu lanƙwasa jiki. Kowace sabuwar tambaya ta ƙara wa littafin hadda shafi, kowane shafi ya haifi sabuwar tambaya. A ƙarshe mafi yawan waɗanda aka tsare sun shiga ƙasar, wasu bayan mako biyu ko uku, wasu bayan ɗaukaka ƙara zuwa Washington da ta ci watanni, kaɗan har kusan shekara biyu. Wahalar dai aka sha.

Ba a ce gaskiya da takarda suna kare mutum ba. Chae Chan Ping ya yi shekara goma sha biyu yana aiki a San Francisco, ya tafi ganin gida a 1887 da takardar izinin dawowa da gwamnatin Amurka ta ba shi da hannunta. Yana cikin teku a hanyar dawowa majalisa ta soke irin waɗannan takardu, jirginsa ya iso mako ɗaya bayan an sa hannu. Ya kai ƙara har Kotun Ƙoli, a 1889 ta ce gwamnati na da ikon hana duk baƙon da ta ga dama, alƙawarin baya bai ɗaure ta ba. Mutum kusan 20,000 wannan sokewar ta rutsa da su a waje. Wong Kim Ark kuwa, kuku ne da aka haifa a San Francisco, an hana shi sauka a 1895, ya yi watanni a tsare cikin jiragen ruwa a bakin gaɓa, amma shi ya yi nasara a 1898: wanda aka haifa a ƙasar ɗan ƙasa ne ko daga ina iyayensa suka fito. Wannan hukuncin ne matanmu masu zuwa haihuwa Amurka suka daɗe suna dogaro da shi, ko sun san sunan kukun ko ba su sani ba.

A matsayina na tsohon tafinta, hoton wata mata ya tsayar da ni. Tye Leung sunanta, haifaffiyar San Francisco, an ɗauke ta a 1910 tana fassara wa matan da ke tsare. Ta haɗu da wani jami'in tashar Bature, Charles Schulze, suka so juna. Dokar Kalifoniya ta hana irin wannan aure, sai da suka tafi jihar Washington aka ɗaura. Da suka dawo dukansu biyu suka rasa aikinsu.

Abin da aka gwada a kan Sinawa shi aka faɗaɗa. A 1917 aka zana layi a taswira aka rufe wa mafi yawan Asiya ƙofa, har da Indiya. A 1923 Kotun Ƙoli ta ce Bhagat Singh Thind, ɗan Indiya mabiyin addinin Sikh da ya yi wa Amurka aikin soja, ba farar fata ba ne a idon doka, don haka ba zai zama ɗan ƙasa ba, domin tun 1790 dokar ta ce sai farar fata mai 'yanci, a 1870 aka ƙara da 'yan asalin Afirka. A 1924 aka rufe wa Japanawa, aka kuma raba wa ƙasashen Turai gurabe bisa ƙidayar 1890, da gangan, don a rage Italiyawa da Yahudawan gabashin Turai waɗanda yawancinsu bayan wannan shekarar suka zo. Dokar hana Sinawa ba a soke ta ba sai 1943, lokacin da Sin ta zama abokiyar yaƙi kuma Japan na yi wa Amurka gori da ita. Gurbin da aka ba su a shekara: mutum 105.

Mun zauna a wani benci bakin ruwa kusa da tsohuwar ƙararrawar tashar, muka ci abin da muka zo da shi. Yaron ya ce yana da abokin aiki Basine mai sunan dangi biyu, ɗaya a fasfo, ɗaya a gida, kuma a kabarin kakansa an rubuta na takarda da boko, na gaskiya da Sinanci. Daga tsakiyar shekarun 1950 gwamnati ta ce duk ɗan takarda ya zo ya yi ikirari a gyara masa zama, amma sai ya ambaci duk wanda ke cikin zuriyar bogin. Wasu sun je, wasu sun mutu ba su gaya wa 'ya'yansu ba. Majalisar dattawan Amurka ta bayyana nadama a kan dokar hana Sinawa a 2011, ta wakilai a 2012.

Muna hawowa tudun komawa, don jirgin ƙarshe ba ya jiran kowa, ya tambaye ni ko mu a ina muke a duk wannan lissafi. Na ce a dokar shige da fice ta 1952 kowace ƙasa da ke ƙarƙashin mulkin mallaka gurbi 100 aka yanka mata, lokacin kuwa Najeriya na hannun Ingila. Abin da ya buɗe masa hanya shi da ire-irensa dokar 1965 ce, wadda Lyndon Johnson ya sa wa hannu ranar 3 ga Oktoba a gindin gunkin 'yanci na New York, ta soke rabon gurabe bisa asalin ƙasa. A jawabinsa na ranar ya ce dokar ba juyin juya hali ba ce, ba za ta taɓa rayuwar miliyoyi ba. 'Yan majalisar da ke tsoron canji ne suka dage a fifita masu dangi a Amurka a kan masu sana'a, a lissafinsu tunda yawancin 'yan ƙasar Turawa ne, Turawa za su ci gaba da jawowa. Turai kuwa ta riga ta farfaɗo, mutanenta ba su da ɗokin tashi. Waɗanda suka yi amfani da gurbin dangi su ne mutanen Filifin, Indiya, Koriya, Sin da Meziko, daga baya mu. Likita ɗaya ya shigo, ya ɗauko matarsa, ya zama ɗan ƙasa, ya cike wa iyayensa da ƙannensa takarda.

Ya ce shi ma yana shirin cike wa mahaifiyarsa. Na ce to ya kira ta tun yau su daidaita maganar tagar nan, don ni har yanzu biyu na sani.